Kyamara a Hannun Hukuma: Rayuwar Lucian Pintilie

A ranar 28 ga Yuli 1959, wani gungu na mutum shida, maza biyar da mace ɗaya, ya shirya fashi a kan motar Babban Bankin Romaniya a birnin Bukarest, aka yi awon gaba da kuɗi sama da lei miliyan ɗaya da rabi. Ba ɓarayin kan titi ba ne. Yahudawa ne masu ilimi, tsofaffin 'yan jam'iyyar Kwaminis, ɗayansu ma ya taɓa riƙe babban muƙami a rundunar 'yan sanda. Ba a daɗe ba aka kama su. Daga nan hukuma ta fito da su daga kurkuku, ta mayar da su wuraren da abin ya faru, ta kafa kyamara, ta ce su maimaita fashin tun daga ƙulla shi har zuwa kama su. Suka maimaita. Darakta Virgil Calotescu ya haɗa fim ɗin, aka sa masa suna Reconstituirea, wato maimaita abin da ya auku, aka riƙa nuna wa 'yan jam'iyya don su ɗauki darasi. A 1960 aka harbe mazan biyar, matar kuma aka yanke mata ɗaurin rai da rai.

Shekara takwas bayan harbin, wani darakta ɗan shekara 34, Lucian Pintilie, ya ɗauki nasa fim ɗin da wannan sunan dai. Labarinsa ba na fashin banki ba ne, amma abin da ya zuba wa ido ɗaya ne: me ke samun ɗan Adam idan mai iko ya tsayar da shi a gaban kyamara ya ce masa yi kaza? A ganina tarihin sana'ar fim a Romaniya na kusan rabin ƙarni yana cikin wannan tambaya, kuma ba wanda ya ɗanɗana kuɗarsa saboda yin ta kamar Pintilie.

Sai an san yadda sana'ar take a wancan zamani kafin a gane nauyin abin da ya yi. A 1948 gwamnatin Kwaminis ta karɓe harkar fim baki ɗaya. A shekarun 1950 ta gina katafaren wurin shirya fina-finai a Buftea, ƙaramin gari a bakin tafki kusa da Bukarest. Kyamara ta gwamnati ce, zaren fim na gwamnati, ɗakin wanke shi da na haɗa shi na gwamnati, gidajen sinima na gwamnati, jaridar da za ta yi sharhi ita ma ta jam'iyya ce. Darakta ma'aikaci ne mai jiran albashi. Ba ya yawon neman furodusa, ba ya kwana da fargabar ko kuɗi za su dawo, abin da mai shirya fim a wajenmu zai ji ya yi sha'awa. Amma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Labari sai ya bi ta hannun kwamiti kafin a ɗauka. In an gama, sai manyan jam'iyya sun zauna sun kalla, su ce a yanke nan, a sake ɗaukar can, a sauya ƙarshe don kada mai kallo ya fita da baƙin ciki. Wanda ya ƙi gyaruwa ba a ƙona shi, ajiye shi ake yi a ma'adana a kulle ƙofa.

Duk da haka an yi aikin ƙwarai a cikin wannan tsari. Ion Popescu-Gopo ya ci babbar kyautar gajeren fim a bikin Cannes na Faransa a 1957 da zanen katun. A 1965 Liviu Ciulei ya ci kyautar darakta mafi ƙwarewa a can da Pădurea spânzuraților, labarin wani hafsa ɗan Romaniya a rundunar Ostiriya da Hungari wanda aka tura ya yaƙi 'yan uwansa a yaƙin duniya na ɗaya. Lokacin an ɗan sassauta igiya. An saki fursunonin siyasa a 1964, Nicolae Ceaușescu ya hau mulki a 1965, a watan Agusta na 1968 kuma ya tsaya a gaban dubban mutane ya la'anci mamayar da Tarayyar Sobiyet da ƙawayenta suka yi wa Cekoslobakiya. Marubuta da masu fim da yawa sun ɗauka gari ya waye.

An haifi Pintilie ranar 9 ga Nuwamba 1933 a Tarutino, cikin yankin Basarabiya, garin da Jamusawa da Yahudawa da Romaniyawa da wasu ƙabilu suke zaune tare suna cin kasuwa ɗaya. A 1940 Tarayyar Sobiyet ta ƙwace yankin, yau garin yana cikin Yukren. Ya yi karatun wasan kwaikwayo a Bukarest, daga 1960 ya zama darakta a gidan wasan Bulandra, wanda daga baya Ciulei ya shugabanta. Mutumin dandamali ne tun asali, kuma hakan ya bi shi cikin fim: ya san yadda ake matsa wa ɗan wasa har ya fitar da abin da shi kansa bai san yana da shi ba. Fim ɗinsa na farko, Duminică la ora 6, na 1965, soyayya ce tsakanin matasa biyu masu aikin ɓoye na Kwaminis a jajibirin yaƙi. Jigo ne da jam'iyya ke so, sai dai shi tsoro ya nuna a maimakon jarumta. An bar shi ya wuce.

Na biyun ne ya tayar da ƙura. Ya samo labarin daga rubutun Horia Pătrașcu, wanda ya gina shi a kan abin da ya gani da idonsa. Samari biyu abokai, Vuică da Nicu, sun sha giya sun yi faɗa a wata mashaya a bakin kogi, sun yi ɓarna, sun ji wa mai sayar da abin sha ciwo. Maimakon a kai su gidan yari, sai mai gabatar da ƙara ya kawo su wurin tare da ɗan sanda da malaminsu da mai ɗaukar hoto, ya riƙe katin shaidarsu, ya ce su sake yin faɗan a ɗauka, a nuna wa matasa illar shaye-shaye. In sun yi da kyau, sun tsira. Fim ɗin duka yini ɗaya ne a wuri ɗaya. Ga zafin rana, ga mai gabatar da ƙara cikin farar kwat yana fama da gajiya, ga wata yarinya tana kallo tana dariya, ga wata tsohuwa da dinyoyinta, ga hayaniyar wasan ƙwallo daga nesa. Yaran ba sa son dukan juna. Sun riga sun shirya, fushin ya wuce. Sai a ce musu wannan bugun bai yi kama da na gaske ba, a sake. A sake. Har Nicu ya kai wa abokinsa bugun da ake nema, Vuică ya faɗi ya bugu a kai. Manya suka tattara kayansu suka shiga mota, aiki ya kammala. 'Yan kallon ƙwallo suka ɓarke daga fili suka wuce ta kan yaron suna yi masa ba'a, sun ɗauka maye ne, ya mutu a cikin taɓo.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne babu mugu a cikinsu irin wanda muka saba gani a fim. Mai gabatar da ƙara, wanda George Constantin ya fito a matsayinsa, ba ya ƙin yaran, so yake ya gama ya koma gida. Ɗan sandan dattijo ne mai bin umarni. Malamin, wanda Emil Botta ya fito a matsayinsa, shi kaɗai ya san abin da ake yi zalunci ne, amma ƙarfinsa bai wuce ya yi magana ya koma ga kwalba ba. Kowa ya ba da ɗan nasa, yaro ya mutu. Duk wanda ya taɓa ganin an jera waɗanda ake zargi a ƙasa a gaban 'yan jarida, ana ce musu su ɗaga kai su faɗi abin da suka yi tun kafin alƙali ya gan su, ba ya bukatar a yi masa bayanin fuskar George Mihăiță, wanda ya fito a matsayin Vuică, a wannan fim. Yana murmushi ne irin na wanda ba shi da wata kariya sai murmushin.

Hukuma ta gane saƙon sarai. Aka riƙe fim ɗin fiye da shekara guda, a 1970 aka sake shi a ɓoye-ɓoye ba talla, mutane suka yi ta tururuwa, aka janye shi. A shekarar ne kuma aka nuna shi a Cannes. Bai koma gidajen sinimar ƙasarsa ba sai bayan faɗuwar mulkin. A 2008 masu sharhin fim na Romaniya suka yi zaɓe, suka sa shi a kan gaba cikin duk fina-finan da ƙasar ta taɓa yi.

Sassaucin nan bai yi nisa ba. A 1971 Ceaușescu ya ziyarci Sin da Koriya ta Arewa, ya ga yadda ake jera dubban mutane suna rawa da waƙar yabon shugaba, abin ya burge shi. Da ya dawo, a watan Yuli, ya fitar da sababbin ƙa'idoji: adabi da fim da wasan kwaikwayo su koma hidimar aƙidar jam'iyya. A Satumba 1972 Pintilie ya ɗora Revizorul a dandamalin Bulandra, tsohon wasan barkwanci na Gogol na Rasha, inda jami'an wani gari masu cin hanci suka ɗauki wani matafiyi fanko a matsayin sufeton gwamnati suka yi ta yi masa hidima. Sau uku kacal aka yi wasan. Jaridar jam'iyya, Scânteia, ta buga sanarwar hana shi, tana cewa 'yan kallo ne suka yi ƙorafi an ɓata aikin babban marubuci. Aka sauke Ciulei daga shugabancin gidan. Mutumin da ya ciyo wa ƙasar kyauta a Cannes bai sake yin wani babban fim ba har ya mutu a 2011.

Pintilie kuwa ba a ɗaure shi ba. Gwamnatin da ta cika kurkukun Aiud da Gherla da Sighet a shekarun 1950 ta riga ta koyi dabarar da ta fi sauƙi: babu aiki a gida, ga fasfo. A ƙasar da talaka zai shekara yana neman izinin fita bai samu ba, wannan kamar gata ne, kuma akwai masu ganin haka har yau. Suna cewa ai ya ji daɗi. A 1973 ya yi wa gidan talabijin na Yugoslabiya fim a kan labarin Chekhov na ɗakin mahaukata mai lamba shida. Ya yi shekaru yana shirya wasanni a manyan gidajen wasa na Paris. Ya yi aiki a gidan Guthrie na Minneapolis a Amurka, inda Ciulei ya zama shugaba a 1980, da kuma Arena Stage a Washington. Ya shirya wasan waƙa na Carmen a Wales. Duk gaskiya ne, kuma ba ƙaramin suna ya yi ba.

Ni ban yarda an biya shi abin da aka ƙwace masa ba. Wasan dandamali yana ƙarewa ne a daren da aka yi shi, sai abin da ya rage a zukatan waɗanda suka halarta. Kuma a can Chekhov da Molière da Ibsen yake fassarawa ga baƙi cikin harsunan baƙi, alhali baiwarsa ta gaske ita ce kunnensa: yadda ɗan Bukarest ke zagi, yadda yake mayar da masifa abin dariya, yadda ƙaramin jami'i ke magana da wanda ya fi ƙarfi. Wannan ba a ɗaukarsa a Minneapolis. Daga shekara 35 zuwa 58, lokacin da darakta ke kan ganiyarsa, fim ɗaya tak ya ɗauka a ƙasarsa. Wanda aka ɗaure ana sanin an zalunce shi. Wanda aka kora da fasfo, har tausayin ma ba ya samu.

A waɗannan shekarun Buftea ba ta zauna banza ba. Sunan da ya cika ta shi ne Sergiu Nicolaescu, mai Dacii da Mihai Viteazul, tarihin sarkin da ya haɗa Walakiya da Tiransilbaniya da Moldabiya na ɗan lokaci a 1600. Gwamnati ta ba shi dubban sojoji da dawaki, miliyoyin mutane suka kalla, kuma ba zan ce ba su ji daɗi da gaske ba, don mutumin ya iya tsara fagen yaƙi. Sai dai tarihi ne irin wanda shugaba ke son ji, jerin jarumai da ke nuni da cewa shi ne cikamakinsu. Nicolaescu ya yi fina-finai da dama, bayan juyin mulki ya zama sanata. Sana'a ɗaya, gari ɗaya, zamani ɗaya, amma ɗaya an ba shi runduna, ɗayan an hana shi ko da zaren fim.

Sau ɗaya aka buɗe wa Pintilie ƙofa. A ƙarshen shekarun 1970 aka bar shi ya dawo ya ɗauki fim daga wasan barkwancin Ion Luca Caragiale, marubucin da kowane ɗan makaranta a Romaniya ya sani, a kan wani wanzami mai farka biyu da rikicin da ya ɓarke a daren biki. Wataƙila sun zaci tsohon labari ba zai cutar ba. Ya kammala De ce trag clopotele, Mitică? a 1981, ya mayar da barkwancin unguwar talakawa mai taɓo da ihu da kishi, inda ake dariya kamar ana kuka. Aka kulle shi kusan shekara goma. Zamanin ya yi tsanani ga kowa. Ceaușescu ya ƙudura sai ya biya bashin ƙasashen waje kaf, aka koma rabon abinci da kati, ana yanke wuta da ɗumin gida a tsakiyar hunturu, talabijin ta koma awa biyu a rana, yawancinta labarin shugaba. A 1983, a wani jawabi a Mangalia, shi da kansa ya caccaki fim ɗin Dan Pița, Faleze de nisip. Jama'a suka koma taruwa a ɗakuna suna kallon kaset ɗin bidiyo na fasa-ƙwauri, muryar mace ɗaya, Irina Margareta Nistor, tana fassara maganar kowa da kowa a ciki.

An harbe Ceaușescu da matarsa ranar 25 ga Disamba 1989, kuma an ɗauki shari'ar tasu a kyamara an nuna wa duniya. A 1990 Pintilie ya dawo, aka ba shi shugabancin sashen shirya fina-finai na ma'aikatar al'adu. Ya kama aiki kamar mai bin bashi. Tsakanin 1992 da 2003 ya yi manyan fina-finai shida, alhali a duk shekarun da suka gabata huɗu ya samu yi. Wani kaso na kuɗin a lokacin daga Faransa yake zuwa, musamman ta hannun furodusa Marin Karmitz, wanda shi ma haifaffen Bukarest ne.

Na farkonsu, Balanța, na 1992, ya fito da duk abin da ya taru masa a ciki. Nela, 'yar wani tsohon kanar na 'yan sandan ciki, ta yi jinyar mahaifinta har ya mutu, ta zuba tokar gawarsa a gwangwanin kofi, ta kama hanyar Copșa Mică, garin da hayaƙin masana'anta ya baƙanta bango da ciyawa da tumaki. A can ta haɗu da wani likita mai taurin kai wanda bai iya yi wa manya ladabi ba. Maia Morgenstern ta ci kyautar jaruma mafi ƙwarewa ta Turai da wannan fim a 1993. Daga baya ya yi Prea târziu a kan masu haƙar kwal na kwarin Jiu, mutanen da aka kwaso zuwa Bukarest a Yuni 1990 suka lakaɗa wa masu zanga-zanga duka, shugaba Ion Iliescu ya gode musu. Terminus Paradis kuma ya ci babbar kyautar alƙalai a bikin Venice na 1998.

Wasu a gida sun zarge shi da tallar munin ƙasarsa ga Turawan yamma. Akwai wuraren da ni ma nake jin ihun ya yi yawa, kamar mutumin da aka daɗe da toshe wa baki yana son ya faɗi komai a numfashi ɗaya. Amma mai wannan zargi ya kalli O vară de neuitat na 1994. A 1925 ne, a kan iyakar Romaniya da Bulgeriya. An kama wasu manoma 'yan Bulgeriya an tsare su a barikin soja, matar kyaftin, wadda Kristin Scott Thomas ta fito a matsayinta, ta sa su aikin lambunta tana biyansu, tana ba su abin sha a kofunanta masu kyau. Sai umarni ya zo a harbe su. Mijin ya ce sai an ba shi a rubuce. Aikinsa ya lalace, manoman kuma wani ya harbe su. Wanda ya raina mutanensa ba zai tsaya ya nemo musu mutum irin wannan kyaftin a cikin tarihinsu ba. A După-amiaza unui torționar na 2001 kuma ya juya tambayarsa ta farko: ga tsohon mai azabtar da fursunoni yana so don kansa ya yi ikirari a gaban rakoda, amma ana ta katse shi, ba mai son ji.

Ana cikin haka sabon zubi ya taso. Cristi Puiu ya ci kyauta a Cannes a 2005 da labarin wani tsoho da motar asibiti ta kwana tana yawo da shi daga wannan asibiti zuwa wancan. Corneliu Porumboiu ya biyo baya a 2006. A 2007 Cristian Mungiu ya ɗauki babbar kyautar bikin gaba ɗaya da labarin ɗalibai mata biyu a ƙarƙashin dokar 1966 da ta hana zubar da ciki. Sun bar ihun Pintilie, muryarsu ƙasa-ƙasa take. Amma dubi ginin: yini ɗaya ko dare ɗaya, kyamara mai haƙurin jira, da ƙaramin ma'aikaci, ko likita ko mai karɓar baƙi a otal, wanda ɗan ikon da ke hannunsa ya isa ya halaka mutum ba tare da ya yi niyya ba. Wannan gadon 1968 ne. Abin takaicin shi ne lokacin da duniya ta juyo tana kallonsu, gidajen sinimar da gwamnati ta bari sun rufe ɗaya bayan ɗaya, har sai da Mungiu ya ɗora majigi a mota ya bi garuruwan da ba su da sinima don 'yan ƙasarsa su ga fim ɗin da ya ciyo musu kyauta.

Babban fim ɗin Pintilie na ƙarshe, Niki Ardelean, colonel în rezervă, na 2003, Puiu da Răzvan Rădulescu ne suka rubuta masa labarin. Niki tsohon kanar ne mai ritaya, ɗansa ya mutu, 'yarsa na shirin ƙaura zuwa Amurka da mijinta. Surukinsa kuma maƙwabcinsa Flo, mutumin zamani mai son Amurka da kwamfuta, kullum da kyamara a hannu, shi ke tsara inda kowa zai tsaya a wurin biki da wurin jana'iza, yana gyara wa Niki magana, yana kwashe masa iyali da kaya a hankali cikin fara'a. Babu jam'iyya a nan, babu 'yan sandan ciki, kyamarar ta sauka daga hannun hukuma ta koma hannun maƙwabci, tana ba da umarni kamar da. Victor Rebengiuc ya yi Niki da haƙurin da ke ba mai kallo tsoro, har ranar da ya sa kakinsa na soja ya ɗauki guduma ya nufi gidan Flo.

Bayan wannan sai wani gajeren fim a 2006, Tertium non datur. A 2012 gidan adana fasahar zamani na New York ya nuna ayyukansa a jere. Ya rasu a Bukarest ranar 16 ga Mayu 2018, yana da shekara 84.